Shekarar da Gambo Ya Yanko Tob Ɗaya

Na daɗe ina jin maganar tana yawo a tsakaninku, ku 'ya'yana da 'ya'yan Hassana, kuna sassauta murya idan na shigo. Wasu sun ce faɗa muka yi da 'yar'uwata, shi ya sa ta tattara ta bar Gadarif ta koma ƙauye, ni kuma ban taka ƙafata can ba sai da ta rasu. Wasu sun ce ba faɗa ba ne, sakaci ne: da na riƙe ta, da ciwo bai same ta a inda babu asibiti ba. Sa'adiyya, babbar 'yarta, ita kaɗai ta yi ƙarfin halin faɗa mini ido da ido, kuma ban ji haushinta ba, uwa ta rasa. Amma ni ma ba baƙuwa na rasa ba. Tunda kun ji rabi a bakin mutanen waje, ku ji sauran a bakin wadda aka yi abin da ita.

Sai kun san Iya kafin ku gane shekarar nan. Ku kun san ta tana Habboba, kakarku mai zaro alewa daga ƙarƙashin matashi, mu kuwa mun san ta da sauran ƙarfinta. Iyayenta daga yamma suka taso da niyyar Makka, guzuri ya ƙare musu a nan, suka tsaya yankan riɗi na kaka ɗaya, kakar nan ce har yau ba ta ƙare ba. Sun zubar da abubuwa da yawa a hanya, har Hausar tamu ta cuɗe da Larabci, amma akwai doka ɗaya da Iya ta gada ba ta bari ta yi ƙura ba: ba a bambanta 'yan biyu. Kwano biyu iri ɗaya. Idan takalmin Hassana ya tsinke, ni ma an saya mini sabo, ko da nawa lafiya lau yake. Idan na yi zazzaɓi, sai Hassana ta sha ɗacin magani tana ƙalau. Maƙwabta suna cewa tsoron kunama ne, wai 'yan biyu idan aka ɓata musu rai sukan aiko ta cikin shimfiɗa. Da zamani ya juya, masu wa'azi suka cika rediyo da masallatai suna cewa irin wannan camfi ne, Iya ta saurara tsaf, ta ce Allah ya saka wa malam da alheri, ta ci gaba da abinta.

Haka muka tashi, haka muka girma. Tare muka shiga makarantar horon malamai, tare aka tura mu makarantar 'yan mata guda, ni ina koyar da lissafi, ita labarin ƙasa. Mako ɗaya aka ɗaura mana aure, gidajenmu kuma suna kallon juna, lungu ne kawai a tsakani. Cikin farin tob na aiki, dogon mayafin da mata ke naɗawa a nan, babu mai raba mu sai ya matso kusa, ya ga tawadar Allah a kumatuna na dama, tata a na hagu. Ita bahaguwa ce, Iya ta yi nasarar koya mata ci da dama, amma alli ya ƙi barin hagu. Ƙanenmu Gambo, wanda ke bin mu, yana da shagon yadi a babbar kasuwa, kuma tun da ya fara riƙe almakashi bai taɓa tambayata guda nawa ba. In nuna da yatsa, ya yanko biyu. Ni dai ban taɓa jin nauyin wannan zama ba, daɗinsa ma nake ji, kuma na ɗauka duk abin da nake ji Hassana ma shi take ji, tunda kowa haka yake faɗa.

Mijinta, Malam Idrisu, Allah ya ji ƙansa, yana da gona a wajen Ƙala'at an-Nahal, da ɗan gida a wani ƙauye kusa da ita. Yana raye ba ta cika zuwa ba, saboda Iya ba ta barin ɗayarmu ta kwana nesa da ɗaya, ni kuma da jin an ce ƙauye sai gwiwoyina su fara ciwo. Amma ko a nan gari za ka gan ta tana murza ƙasa a tafin hannu, tana tambayarsa yaushe aka yi ruwan farko, wane iri aka shuka. Bayan gidanta ba inda ba ta shuka kuɓewa da yakuwa ba. Da ya rasu ta fita takaba, gonar ta zauna a hannun masu aro, suna nomanta yadda suka ga dama. Wata la'asar muna shan jabana, wato gahawa, a rumfar Iya, Hassana ta ajiye finjalinta ta ce tana so ta ajiye aiki, ta karɓi ma'ash ɗinta, wato fansho, tun da sauran ƙarfi, ta koma ta riƙe gonar da kanta.

Iya ko ɗagowa ba ta yi ba, tana ta fifita garwashi. Ta ce, "Idan Usaina za ta, ki je."

Na yi dariya har gahawa ta sarƙe ni. Na ce, "Ni? In je in yi me, in koya wa dawa lissafi?"

Iya ta ce, "To halas, magana ta ƙare."

Hassana ta ɗauki finjalinta ta shanye. Ba ta sake tayar da zancen ba, ni kuma na ɗauka zafin rashi ne, zai wuce.

Wannan ita ce shekarar da ta biyo bayan ɓallewar Kudu ta zama ƙasa mai zaman kanta, lokacin da sukari ya yi tsadar da sai an yi shawara kafin a ƙara cokali. Cikin wannan ƙuncin ne kuma aka aiko wa makarantarmu kwamfutoci, abin da ba mu roƙa ba, mu da muke roƙon alli. Mudira, wato shugabar makarantar, ta sa aka share musu ɗaki, aka ɗinka musu mayafi, ta rataya mabuɗin a wuyanta. Aka ce malamar lissafi ta je horo. Na je ina gunaguni, mace ta haura hamsin za a koya mata wasan yara. Kafin horon ya ƙare ni ce nake riga kowa zuwa.

Abin da ya kama ni wata manhaja ce ta zanen siffofi. Farin fili ne kawai a fuskar kwamfutar. Ka ɗiga ɗigo uku ka haɗa su, alwatika ta fito. Ka ja layi a gefenta ka ce wannan layin madubi ne, sai ga wata alwatikar ta bayyana a ɗaya gefen, girma ɗaya, tazara ɗaya daga layin, amma damanta ya koma hagu. Wannan darasin na shekara da shekaru ina koyar da shi da takarda: a ɗiga tawada, a ninke, a buɗe, rabin 'yan mata su koma gida da baƙin hannu, sauran rabin ba su gane komai ba. A nan kuwa siffar motsi take yi. Ka kama kusurwa ɗaya da abin nan da ake riƙewa a tafin hannu, wanda 'yan mata suka laƙa wa suna ɓera, ka ja ta, sai 'yar'uwarta ta can ta motsa a lokaci guda. Ka kusanto layin, ta kusanto. Ka yi nesa, ta yi nesa ta ɗaya ɓarin. Ka karkatar da madubin kansa, ita ma ta lula wani wuri. Abin da na yi ta fama in sa yara su gani da idon zuci, ga shi ƙiri-ƙiri yana yawo a gabansu.

Kahraba, wato wutar lantarki, ba ta da alƙawari a unguwarmu, saboda haka muka daina bin jadawali. Duk lokacin da fanka ta fara juyawa, sai in tsayar da abin da nake yi mu ruga ɗakin kwamfuta, 'yan mata huɗu biyar a kan kujera biyu. Na ce su zana rabin zanen lalle su bar madubi ya ƙarasa, sai ga tafin hannun amarya guda ya fito daga rabin aiki. Na aike su su duba ƙofofin ƙarfe na unguwa, da hulunan iyayensu, da faifan rufe tuwo, su dawo su faɗa mini ta ina za a ja layi ɓangare biyu su zo daidai. Wata ta gano cewa idan aka sa madubi biyu suka gitta juna, fure ɗaya sai ya zama huɗu, ranar nan ihu suka yi har Mudira ta leƙo. Ita dai sharaɗinta ɗaya ne, kada a zana abu mai rai, don kada mai duba makarantu ya zo ya sami abin faɗa. 'Yan mata kuwa ba a rasa su da dabara. Suka zana doguwar alwatika, suka ɗiga mata ɗigo a gefen dama, suka rubuta Ustaza Usaina a ƙarƙashinta. Da madubi ya fito da ta biyun, ɗigonta a hagu, suka rubuta Ustaza Hassana. Na yi kamar zan yi faɗa, dariya ta ci ƙarfina. Na ce a bar shi, sai na nuna wa mai shi.

Ranar Alhamis bayan an tashi, wuta na nan, na jawo Hassana ɗakin. Mu biyu ne kawai. Ta zauna, ta mayar da ɓeran hannun hagu, ta karanta sunayen ta yi murmushi. Na nuna mata yadda za ta kama alwatikar da ke da sunana. Ta ja ta sama, tata ta bi. Ta ja ta ƙasa, tata ta bi. Ta yi ta wasa da su tana dariya, har na ji daɗi, don na kwana biyu ban ji dariyarta ba. Can sai ta saki tawa, ta kai hannu kan mai sunanta ta ja. Ba ta motsa ba. Ta sake ja.

Ta ce, "Wannan ta lalace."

Na ce, "Ba ta lalace ba. Ita hoto ce. Ba a jan ta, bi take yi."

"Idan ina so ta je can ƙurya fa?"

"Sai ki ja ta farkon, ita ma ta tafi."

"Idan ta farkon gwiwoyinta na ciwo?"

Na buɗe baki zan yi dariya, sai na ga ita ba dariya take yi ba. Idonta na kan allon.

Ta ce, "Tayyib. Idan aka goge madubin, sai ta sami kanta?"

Na ce, "A'a. Ɓacewa take yi."

"Goge in gani."

Na goge layin. Alwatikar mai sunanta ta ɓace, da ɗigon, da sunan, tawa ta rage ita kaɗai a fili. Daga nan ta ce in nuna mata yadda ake ɗiga ɗigo. Na nuna mata. Ta ɗiga uku da hannunta, ta haɗa, wata karkatacciyar alwatika ta fito wadda da ɗaliba ce ta zana mini da na sa ta sake. Ta kama ta ta ja, ta zagaya da ita filin nan kaf, ta kai ta can ƙuryar da ta nuna, ta ajiye. Sannan ta juyo ta dube ni.

Ta ce, "Usaina, tunda nake ban taɓa zaɓar launin tob ɗina ba. Ke kike zuwa shago, Gambo ya yanko biyu."

Na ce, "Ai ba ki taɓa cewa bai yi miki ba."

"Ya yi mini. Zaɓinki ba shi da laifi, wallahi. Amma ban san ko nawa yana da kyau ba. Makarantar malamai ke kika so, na bi. Na koya wa yara sunayen koguna da duwatsu har na ga furfura, ni kuwa abin da nake so in sani shi ne yaushe ƙasar Idrisu take shan ruwa. Ba ƙin ki nake yi ba, 'yar'uwa. So nake in ga ko ina nan idan ba kya nan."

Ba zan ɓoye muku ba, maganar ta yi mini zafi, zafin da ban taɓa jin irinsa daga bakin kowa ba. Na ji kamar an ce duk daɗin da na ji a rayuwata a bayan wata na ji shi. Na rufe kwamfutar, na mayar mata da mayafinta, muka tako gida. A lungu ta shiga ƙofarta, na shiga tawa. Idan wannan ne faɗan da kuke nufi, to iyakarsa ke nan, kuma bai kai mako biyu ba. Muna gaisawa, muna aika wa juna miya, magana ce kawai ta yi nauyi.

A kwanakin nan na yi ta komawa ɗakin kwamfuta ni kaɗai duk sanda aka kawo wuta. Ba wani abu nake nema ba, hannuna ne ya saba. Ina zana siffa, in ja madubi, in goge, in sake. A nan na lura da abin da na sani tun a wurin horo amma ban tsaya a kansa ba: ita na'urar ba ta san babba da ƙarama ba, wadda aka fara zanawa ita ce mai ja, shi ke nan. Da malamar labarin ƙasa aka ba ɗakin nan, da ita 'yan mata za su fara zanawa, ni in zama mai bi. A gidanmu kuwa ni ce mai saurin baki, ni ce mai riga nuna yatsa, shi ya sa dokar Iya ba ta taɓa matse ni ba. Ban ce na yi laifi ba, har gobe ba zan ce ba, haka aka ɗora mu tun ba mu san kanmu ba. Amma da na gane, sai na ga zama a kan abin bayan na gani shi ne zai zama laifin. Na kuma san Iya ba za ta sauko don Hassana ta roƙa ba. Sai dai idan ni, wadda ake cewa za a bari, na ce na yarda a bar ni.

Sallah ta matso, lokacin sayen sabon tob. Na ƙwanƙwasa ƙofarta da safe na ce ta taso ta raka ni kasuwa. A shagon Gambo na nemi benci na zauna, na juya fuskata wajen titi ina kallon masu amalanke.

Gambo ya ce, "Yaya Usaina, ga sababbi sun iso, wanne ya yi miki?"

Na ce, "Yau ba ni ce mai saye ba. Tambayi yayarka."

Hassana ta tsaya a gaban tarin yadin nan kamar baƙuwar da aka sauke a tashar da ba ta sani ba. Ta taɓa wannan ta saki, ta ɗaga wancan ta waiwayo ta dube ni. Na ƙi kallonta. Gambo ya aika aka kawo shayi, muka sha, ya huce, ba ta zaɓa ba. Can ta zaro wani daga ƙasa, kore mai duhu da ratsin ƙasa-ƙasa, irin wanda ko kyauta aka ba ni sai na yi tunani. Na cije leɓena. Gambo ya warware, ya auna, ya ninka awon yadda ya saba, ya ɗauki almakashi.

Na ce, "Ɗaya."

Ya tsaya da almakashi a buɗe. "Ɗaya kamar yaya?"

"Kamar yadda ake yanka wa kowa."

"Iya ta sani?"

"Za ta sani da la'asar."

Ya dube ni, ya dube ta. Ya ce, "Ni ba kunama nake tsoro ba, wallahil azim. Tsohuwar nan nake tsoro. Idan ta tambaya, ku ce ba na shagon."

Ya yanka. Hassana ta rungume ƙullin a ƙirji, hawaye na zuba, tana dariya tana cewa launin ma ba ta tabbata yana da kyau ba. Na ce mata ba shi da kyau, amma nata ne.

Da la'asar muka shiga gidan Iya, ita cikin koren, ni cikin tsohon shuɗina. Iya na zaune a kan angarib, gadon igiyarta, tana daka gahawa. Idonta ya yi rauni a lokacin, amma ba raunin da zai hana ta ganin launi biyu ba. Ta ajiye taɓaryar. Na durƙusa na faɗa mata komai, ban yi kwana-kwana ba: Hassana za ta koma gona, ni zan zauna a aikina, kuma ni na yarda. Na shirya wa faɗa, na shirya wa zancen kunama. Abin da ta faɗa ban shirya masa ba.

Ta ce, "Kun ɗauka hauka nake yi duk shekarun nan? Uwata ta haifi 'yan biyu a hanya, maza, kafin a haife ni. Nono bai isa ba. Ta ba da ɗaya ga wata mai shayarwa a ayarin da ya yi gaba, a kan za su haɗu a bakin teku. Na hannunta bai ga damina ba. Wancan kuwa har ta mutu tana tambayar labarinsa wurin duk wanda ya dawo daga Makka. Ranar da na haife ku ta kama hannuna ta ce kada in raba. Ban raba ba."

Ba mu taɓa jin labarin nan ba, ko Gambo bai sani ba. Har na ji kamar in ce a fasa. Na dubi Hassana, na ga ta sunkuyar da kai, ta fara naɗe gefen koren nan a yatsa, alamar ta haƙura ke nan, yadda ta saba. Wannan naɗewar ce ta tsayar da ni.

Na ce, "Iya, su jarirai ne, mu mun yi jikoki. Kin cika alƙawarinki, ba wanda zai ce ba ki cika ba. Rai kuma a hannun Allah yake, ko a ɗaki ɗaya muke kwana. Ni dai na yarda."

Ta ce, "Ke kika yarda, ke za ki ɗauka."

Na ce na ɗauka. Ta juya ta ci gaba da dakanta. Har damina ta faɗi ba ta amsa gaisuwata da fiye da kalma ɗaya ba, amma ranar tafiyar ita ta ƙulla wa Hassana daddawa da busasshiyar kuɓewa, ƙulli ɗaya, ba biyu ba.

Akwai abin da ya kamata ku sani game da rashin zuwana, tunda shi ne ya fi ba masu magana abin faɗa. A bakin lori, ana ɗora buhunan iri, Hassana ta jawo ni gefe.

Ta ce, "Kada ki zo tukuna. Idan kika zo, za su fara cewa 'yan biyu. Ni zan riƙa zuwa."

Na ce to, kuma ban saɓa ba. Ita ma ba ta saɓa ba. Duk bayan kaka sai ga ta da man riɗi da buhun dawa, ta yi mana wata guda ko fiye. Shekarar farko tsuntsaye suka cinye mata rabin gona, ta zo tana ba da labarin kamar an yi mata kyauta. Rana ta dafa ta, tafin hannunta ya yi kanta, muryarta ta ƙara ƙarfi saboda kiran ma'aikata daga nesa. Mukan zauna a rumfa tana gaya mini rigimarta da mai tarakta, ina gaya mata abin da 'yan mata suka gano a kwamfuta, kuma wannan ne karo na farko a rayuwarmu da kowacce take da labarin da ɗayar ba ta sani ba. Ban taɓa jin daɗin hira da ita kamar a shekarun nan ba. Kewa kuwa na sha ta. Ƙofarta tana kallon tawa a rufe, sai da na koyi fita ba tare da na ɗaga kai ba. Iya ta rasu a tsakani, Hassana na gefenta na hagu ina na dama, kuma na gode wa Allah da ya ɗauke ta kafin abin da ya biyo baya.

A damina ta shida zazzaɓi ya kama Hassana. Kun san ƙasarmu idan ta sha ruwa, baƙin taɓo ne da ko jaki sai ya yi shawara. Waya ba ta shiga sai an hau tudu. Kafin labari ya iso mu ciwon ya yi nisa, kafin a sami taraktar da za ta fito da ita rai ya yi halinsa. Sa'adiyya, kin ce da tana gari da an kai ta asibiti da wuri. Gaskiya kika faɗa, kuma ba ranar da ba na faɗa wa kaina haka. Na ce zan ɗauka, ga shi ina ɗauke da shi. Amma idan aka mayar da ni gaban Iya, aka nuna mini ƙarshen, aka ce in sake zaɓa, ban ga yadda zan dubi uwarki tana naɗe gefen tob ɗin nan in yi shiru ba.

A bayan tarakta na isa ƙauyen, an riga an binne ta. Tun a hanya abu ɗaya nake tsoro, kada matan garin su ga fuskar wadda suka yi wa wanka jiya ta sauko daga mota su firgita. Na ja mayafi na rufe rabin fuskata, na shiga rumfar da ake zaman makoki, na zauna a gefe. Hawaye ya ƙi zuwa. Ina jin su suna zancenta, yadda take raba iri ga wanda nasa ya ƙone, yadda take faɗa da maza a kan iyakar gona ta kuma yi nasara. Ba wadda ta ce 'yan biyu. Hassana mai riɗi suke cewa. Wata tsohuwa, maƙwabciyarta, ta matso kusa da ni ta yi mini ta'aziyya, ta tambaye ni daga ina. Na ce daga Gadarif, sannan na sauke mayafin.

Ta ce, "Ke ce 'yar'uwar da take faɗa?"

Na ce, "Ni ce."

"Uwa ɗaya uba ɗaya?"

"Ciki ɗaya, Hajja. Rana ɗaya."

Ta kama haɓata ta juya fuskata wajen haske, ta duba a tsanake, yadda ake duba hatsi kafin a saya.

Ta ce, "Eh, akwai ɗan kama a goshi. Amma ita Hassana daban ce."

Na ce mata, "Gaskiya ne, Hajja." Daga nan ne na iya yin kuka.